Nicodemus, ƙauyen Kansas da ya hana ni guduwa

Assalamu alaikum 'yan uwa. Duk wanda yaji ance wane yana Amurka abinda ke fara zuwa masa a rai dogayen benaye ne da fitilu, to ni inda Allah ya ajiye ni babu ginin da ya kai rumbun hatsi tsayi. Arewa maso yammacin jihar Kansas nake, cikin gonaki, aikina tuƙin tirela ne ina kwasar alkama da dawa daga gona zuwa rumbu. Labarin wani ɗan ƙauye nake so in baku wanda ke kan hanyar da nake bi kullum, sunansa Nicodemus, dan ta dalilinsa ne na zauna a yankin nan bayan na riga na yanke shawarar barinsa.

Yayana ne ya cike min takardu tun ina saurayi, akayi ta jira har na cire rai nayi aure na kama harkokina, kwatsam sai ga kira. Na sauka wajensa a Wichita, nayi aikin dare a sito ina loda kwalaye har bayana ya fara ciwo, daga baya wani ɗan Sudan da muke sallar Juma'a tare yace min in kana so ka ga kuɗi nemi lasin babbar mota. Nayi karatun naci jarabawar, na samu aiki wajen wani mai motoci da ke kwasar hatsi lokacin girbi, shi ne ya turo ni can yamma gundumar Graham. A lokacin iyalina basu iso ba tukuna, ni kaɗai ne a wani ɗan ɗakin haya a Hill City.

Bari in kwatanta muku wurin. Kansas tana tsakiyar Amurka ne tsak, in ka miƙe daga Kansas City ka nufi Denver, wajen rabin tafiya ka ratse arewa to ka shigo yankinmu, kowanne cikin biranen nan biyu ya kai kusan mil 300 daga nan. Gundumar Graham faɗinta kusan murabba'in mil 900 amma duk mutanen cikinta basu kai 3,000 ba, fiye da rabinsu kuma a Hill City suke wato hedikwatar gundumar. Fili ne fetal, bishiya sai a bakin rafi, iska kuwa bata hutawa dare da rana. Alkama ana shuka ta wajen Satumba zuwa Oktoba ta sha sanyinta a gona a girbe ta a Yuni zuwa farkon Yuli, dawa kuma sai da kaka. Eh dawa dai da kuka sani, Kansas ce kan gaba wajen nomanta a duk Amurka, sai dai tasu gajera ce iya ƙugu saboda injin girbi, ba irin tamu da ke shanye mutum har da hannunsa a ɗage ba, kuma yawanci dabbobi ake ba ko a yi man mota da ita ko a fitar ƙasashen waje.

Mutanen yankin ba laifi, in kun haɗu a hanya sai direba ya ɗaga maka yatsa ɗaya daga kan sitiyari, gaisuwarsu kenan. Amma kaɗaici ya ci ni wallahi. Ka shiga kanti kai kaɗai ne baƙar fata, ba masallaci, ba wanda zakayi Hausa dashi, in dare yayi banda kukan iska a jikin taga ba abinda kake ji. Har na gaya wa yayana in girbin alkama ya ƙare dawowa zanyi ko da aikin siton ne.

Ana tsakiyar girbin ne, zafi kamar ya dafa mutum, na ɗauko lodi na hau titi mai lamba 24 gabas da Hill City, sai naji ƙara daram, tayar baya ta fashe. Na lallaɓa da motar har wani ɗan wurin hutawa a bakin titi na faka, na buga wa mai faci waya yace sai ya gama da wasu kafin ya iso, lokacin girbi kowa nemansa yake. Na sauko na duba wurin, 'yan gidaje ne a warwatse da filaye a tsakaninsu ciyawa an yanke ta tas, ga wani ginin dutse ga coci, ba kowa a waje ko kare. La'asar tayi na shimfiɗa darduma a inuwar motar na tayar da sallah. Ina cikin sallar naji mota ta tsaya a bayana an kashe inji, gabana ya faɗi, amma ba wanda yayi magana har na sallame. Ina juyowa sai naga dattijo a cikin tsohuwar akori-kura, baƙi wuluk kamar ni, da hular kaboyi da farin gemu, ashe jira yake in idar. Yace ɗana lafiya dai? Nace Baba taya ce ta fashe, ina tsoron kar 'yan sandan garin suzo su rubuta min tara dan na tare wuri. Sai ya fashe da dariya har yana buga ƙofar motar, yace 'yan sandan wane gari? Nan ba ɗan sanda ba magajin gari ba kansila, in sherif kake nema sai ya taso daga Hill City mil 13, kuma ba zai taso dan tayarka ba.

A ranar na fara gane yadda tsarin yake. A Amurka gari yana zama gari a idon doka ne in mutanensa sun nemi rajista daga jiha sun kafa hukumarsu, da magajin gari da 'yar majalisa da ikon karɓar haraji da yin dokokin cikin gari. Wanda bai da wannan rajistar ko yana da suna a taswira da allo a bakin titi da tarihin shekara ɗari, ba shi da hukumar kansa, gunduma ce ke riƙe dashi tare da wani ƙaramin yanki da ke ƙarƙashinta da 'yan zaɓaɓɓun mutane masu duba ƙananan lamura. Tsaro na sherif ne wato shugaban 'yan sandan gunduma, kotu da rajistar fili da biyan harajin gona duk a Hill City, yara ma motar makaranta ce ke kwasarsu zuwa wani gari. Irin waɗannan ƙauyukan suna da yawa a Kansas, mafi yawansu in ka wuce ba abinda zai sa ka waiwaya. Nicodemus ɗaya ne daga cikinsu, ƙidayar 2020 mutum 14 ta samu a ciki. Goma sha huɗu fa, ba kuskuren rubutu bane.

Dattijon ya miƙo min ruwa mai sanyi yace tunda jira kake zo in nuna maka inda kake tsaye. Nace Baba ku ma aiki ya kawo ku nan? Ya kalle ni yace kakana da ƙafarsa ya shigo garin nan yana yaro, iyayensa bayi ne a Kentucky, mu muka kafa shi. Ni dai duk zamana a Amurka a cikin birane na san baƙar fata, ban taɓa jin ance ga ƙauyensu a tsakiyar gonakin yamma da filayensu da maƙabartarsu ba. Ya kai ni ginin dutsen nan, zauren taron yankin ne da aka gina a 1939 ƙarƙashin shirin samar da aikin yi na gwamnatin shugaban ƙasa Roosevelt, yanzu nan ne ake karɓar baƙi masu zuwa ganin tarihi. Dutsen a yankin aka haƙo shi, fari ne mai ɗan rawaya, na shafa naji laushinsa har gari-gari ya ɗan maƙale min a yatsa, yace lokacin da aka haƙo shi da zarto ma ana yanka shi sai ya sha iska yake yin tauri.

Abinda ya gaya min da wanda na karanta a jikin allunan ciki da wanda na bi diddigi daga baya, ga shi a dunƙule. Yaƙin basasar Amurka ya ƙare a 1865. Sanarwar 'yanta bayi da shugaban ƙasa Lincoln yayi a 1863 bata shafi Kentucky ba saboda jihar bata ɓalle daga tarayya ba, sai ƙarshen 1865 da aka gyara tsarin mulki bauta ta haramta a can. To an ce ka 'yantu amma ba ka da ko taku ɗaya na ƙasa, gonar tsohon ubangidanka zaka koma kayi noma a raba amfani, shi ke riƙe da littafin bashi shi ke lissafi, shekara ta zagayo ace har yanzu ana binka. A 1877 kuma gwamnatin tarayya ta janye sojojinta daga kudu, ɗan kariyar da baƙar fata ke samu ta tafi. A gefe guda ga dokar 1862 da tace duk wanda ya je yamma ya kama eka 160 na filin gwamnati, ya gina wurin zama ya noma ya zauna shekara 5, fili ya zama nasa da takarda. Kansas kuma dama sunanta ya fita a matsayin jihar da ta ƙi bauta tun shigarta tarayya a 1861. Sai dai kar mu manta filin nan da gwamnati ke rabawa kyauta ba daga sama ya faɗo ba, na 'yan asalin ƙasar ne da aka kora, wannan wani ciwon ne daban.

A watan Afrilun 1877 aka kafa kamfanin da zai yanka garin, cikinsu akwai wani fasto baƙar fata W. H. Smith da wani Bature dillalin filaye W. R. Hill, shi ne wanda Hill City ke ɗauke da sunansa. Suka zaɓi wuri kusa da reshen kudu na kogin Solomon, suka buga takardun talla aka kai coci-cocin baƙar fata a Lexington da Georgetown na Kentucky. Hoton ɗaya daga cikin takardun yana nan har yau, tana cewa duk baƙar fatan da ke son zuwa Kansas ranar 5 ga Satumba 1877 zai iya a kan dala 5. Dillali dai dillali ne a ko ina, an zuzuta musu wurin sosai, ƙasa mai albarka ga itace ga namun daji. Wajen mutum 300 suka taso a wannan Satumbar, wani ayarin ya biyo baya a farkon 1878. Jirgin ƙasa a garin Ellis yake sauke su, daga nan kuma wajen mil 35 ne zuwa arewa, mai keken doki ya hau mara shi ya taka. Ni na bi hanyar nan da mota da na'urar sanyaya iska kuma na gaji, bare mace da goyo da tsoho da buhun kaya a ka.

Akwai wata baiwar Allah Willianna Hickman matar wani fasto, cikin ayarin 1878 tazo, ta bada labarin isowarsu bayan ta tsufa. Tace bata da lafiya a hanya, sai taji maza suna ihu ga Nicodemus ga Nicodemus, ta ɗago tana murna ta duba iya ganinta bata ga komai ba, ta tambayi mijinta ina garin yake, ya nuna mata hayaƙi yana fitowa daga cikin ƙasa nan da can yace shi ne wancan. Sai ta fashe da kuka. A cikin ramuka mutane ke zaune, dan ba itacen gini ba kuɗin sayen katako.

Dattijon nan sai da ya kai ni naga gurbin irin ramin a wata gonar danginsa, ba ranar ba, wani zuwan daban. In ba an nuna maka ba wucewa zakayi, wani ɗan lotsawa ne a gefen tudu ciyawa ta rufe shi, faɗinsa bai fi ƙaramin ɗaki ba. Yace haka ake yi, a haƙa cikin tudun ya zama bango uku, gaban a yanko ƙasa mai haɗe da saiwar ciyawa a jera ta a bar ƙofa, sama a ɗora 'yan sanduna da ciyawa a zuba ƙasa, a soka bututun hayaƙi. Da sanyi akwai ɗumi da zafi akwai sanyi, amma in ruwa ya sauka rufin yayi ta ɗiga kwana da kwanaki, ga macizai ga ƙuma, wani lokacin saniya ta bi ta kan rufin ƙafarta ta zurma. Na shiga na tsaya a tsakiyar gurbin iska na kaɗa min riga, na ce a raina a nan aka haifi mutane aka yi jego. Makamashi kuwa busasshen kashin ɓauna da na shanu da karan ciyawa. Ayarin farko sun iso lokacin shuka ya wuce, ba dawakin huɗa sai ɗaiɗai, wasu da shebur da fartanya suka fasa ƙasar da ba'a taɓa nomawa ba, wasu suka riƙa tsintar ƙasusuwan ɓauna suna sayarwa, wasu suka tafi ƙwadago a layin dogo. Jikokin garin suna bada labarin cewa a sanyin farko 'yan ƙabilar Osage, 'yan asalin ƙasar, da ke dawowa daga farauta sun raba musu nama, da ba dan haka ba da yunwa ta yi ɓarna. Wasu iyalan basu jure ba suka juya, ni ban ga laifinsu ba ko kaɗan.

Waɗanda suka tsaya kuwa cikin shekara goma sun fito daga rami sun gina gari na dutse da katako. Zachary Fletcher ya riƙe gidan waya, ya gina otal ɗin St. Francis a 1881 wanda ginin na nan har yanzu, matarsa Jenny ita ta fara koyar da yara tun ana cikin rami, makarantarsu ce ta farko da aka yi wa rajista a duk gundumar. Aka samu shaguna da banki da coci-coci da jaridu biyu da 'yan badujala, har Turawa suka zo suka buɗe kasuwanci a cikinsu. Wani Edward McCabe da ya zauna a garin aka zaɓe shi babban mai binciken kuɗi na jihar Kansas a 1882, aka sake zaɓarsa a 1884, baƙar fata fa, a jihar da kusan duk masu ƙuri'a Turawa ne, zaɓen farkon kuma shekara 17 kacal bayan ƙarshen bauta. Daga baya ya koma Oklahoma yana cikin waɗanda suka kafa garin Langston.

Jirgin ƙasa ne ya karya su. A wancan zamanin garin da layin dogo bai ratsa ba to ya shiga uku, dan ba yadda zaka fitar da hatsinka ko ka shigo da kaya da araha. A 1887 mutanen yankin suka kaɗa ƙuri'a suka yarda a ci bashin dala 16,000 dan a jawo kamfanin Missouri Pacific, amma layinsa ya tsaya a Stockton can gabas bai ƙaraso ba. Union Pacific kuma da yazo a 1888 sai ya bi ta kudancin kogin, ya kafa sansani wajen mil 6 daga Nicodemus, sansanin ya zama garin Bogue. 'Yan kasuwa suka kwashe, wasu har ginin shagon suka ɗaga suka kai can. Na tambayi dattijon ko dan su baƙaƙe ne aka kauce musu, ya ɗaga kafaɗa yace kamfani zai ce maka lissafin ƙasa ne da kuɗi, kakana kuwa har ya mutu bai yarda da wannan ba. Ni a matsayina na direba abin bai bani mamaki ba dan ina ganin irinsa yau, garuruwan da babban titi mai lamba 70 ya ratsa irin su Hays suna da gidajen mai da otal-otal, na kan titi 24 kuwa sai tsofaffi da shagunan da aka rufe da katako. Bogue ɗin ma da ya ƙwace kasuwar yau mutanensa basu kai 200 ba, sai dai shi a takarda birni ne da magajin garinsa.

Daga nan sai gangara. Fari da guguwar ƙura na shekarun 1930 suka zo tare da karyewar tattalin arziki, gonaki da dama suka tafi hannun banki ko aka yi gwanjonsu saboda bashin haraji, samari suka nufi Denver da Topeka da Kalifoniya neman aiki. Gidan waya an rufe shi a 1953, makarantar ma ta bi baya. Ba Nicodemus kaɗai abin ya shafa ba, a 1920 manoma baƙar fata a Amurka sun kusa miliyan ɗaya, yau basu kai 50,000 ba.

Mai faci dai ya iso ranar dab da magariba, dattijon bai tafi ba sai da yaga na tayar da mota, ya rubuta min lambarsa a bayan wata takardar sikeli yace in ka sake wucewa ka tsaya ka sha kofi. Na riƙa tsayawa. Ba wa'azi yayi min ba kuma bai taɓa ce min zauna ko tafi ba, kawai dai na samu ƙofar da zan ƙwanƙwasa, mu zauna a barandarsa yana bani labarin wane ɗan wane da gonar wane, yana tambayata yadda ake tuwo da dawa yana mamaki wai mutane ke ci. Da girbin alkama ya ƙare mai motocin yace ko zan tsaya na kaka, nace zan tsaya. Iyalina kuma a tsakiyar sanyi suka iso, na ɗauko su muka kama hanya, tunda muka bar babban titi maiɗakina tayi shiru tana kallon fili fari fat da dusar ƙanƙara ba gida ba mutum, can sai naga hawaye. Na ce bari in lallashe ta da labarin matar faston nan da hayaƙi, ta saurara har ƙarshe tace to ita ai daga bauta ta fito, ni kuwa ce min kayi Amurka zaka kawo ni. Ban da amsa, dariya kawai nayi, ita ma daga baya tayi.

Abinda ya ƙarasa kama zuciyarta bikin ƙarshen Yuli ne. Tun 1878 suke yinsa duk shekara, asali bikin tunawa da 'yanta bayi ne, yanzu ya zama na dawowa gida, ƙarshen makon ƙarshe na watan Yuli. Ƙauyen da zakayi awa baka ga mutum ba sai ka ganshi cike da ɗaruruwan jama'a, motoci da lambobin jihohi daban-daban an faka su a kan ciyawa, ana fareti, wasu sun yi shigar sojojin doki baƙar fata na zamanin da suna sukuwa, ga waƙoƙin coci ga rawa ga hayaƙin gashi ta ko ina. Kowa ɗan uwan kowa ne, in mutum biyu suka haɗu tambayar farko kai na gidan wa ne, sai kaji ana jero kakanni har a kai kan wanda ya sauka a Ellis. Matar dattijon tun kafin mu iso ta gaya wa masu gashi cewa baƙinta basa cin alade, aka ware mana kaza da kifi a wani mazubi daban, ta kama hannun maiɗakina tana zagayawa da ita tana cewa ga 'yata daga Afirka, tsofaffin mata suna taɓa mayafinta suna tambayar yadda ake ɗaurin kallabi. Yarana kuwa tun daga ranar suke ce mata kaka.

A irin wannan taron ne dattijon ya kai ni maƙabarta a wajen gari, ya nuna min kabarin kakansa da na mahaifinsa da gurbin da ya tanadar wa kansa. Ya nuna min wasu sababbi yace wannan a Denver tayi duk rayuwarta, wancan a Kalifoniya, amma wasiyyarsu a dawo dasu nan. Shi yasa in naji wasu 'yan uwanmu baƙi a ƙasar nan suna cewa baƙaƙen Amurka ba su da asali ba su san inda suka fito ba raina yake ɓaci, nakan ce musu ku zo in kai ku inda mutum zai nuna muku ramin da aka haifi kakansa da takardar filin da gwamnati ta ba kakan kakansa da hatimi a jiki, mu nawa ne a cikinmu za su iya nuna takardar gonar kakansu? An yanke musu abinda ke bayan Kentucky da ƙarfin tsiya, wannan gaskiya ne, amma daga 1877 zuwa yau ba abinda ya ɓace musu.

Kuma fili ne ya riƙe su, ni abinda na gani kenan. Dattijon ƙarfinsa ya ƙare baya iya noma, 'ya'yansa duk suna birni, ya bada gonar haya ga wani maƙwabci amma ko da wasa kar ka ce masa ya sayar. Masu saye suna aiko masa da wasiƙa yana jefawa a kwandon shara. Damuwarsa ɗaya magada sun yi yawa, gona ɗaya sai kaga jikoki barkatai kowa da ɗan kasonsa, in ɗaya ya matsu ya sayar wa bare to an buɗe ƙofa, shi yasa duk bikin Yuli sai sun zauna taron dangi a kan harajin gona da wanda zai biya. Bara da kaka ni na kwashe dawar gonar tasa zuwa rumbu, ya zauna a akori-kurarsa a bakin gona yana ƙirga lodi duk da ba shi ya noma ba.

Gwamnatin tarayya ta sa garin cikin wuraren tarihi na ƙasa a 1976, a 1996 kuma majalisar dokoki ta ɗaga matsayinsa aka danƙa wa hukumar kula da wuraren tarihi da gandun daji, dan shi ne garin baƙar fata mafi daɗewa da ya rage a yammacin kogin Mississippi cikin waɗanda aka kafa bayan yaƙin basasa. Gine-gine biyar ake lissafawa, zauren taron nan, da otal ɗin Fletcher, da cocin A.M.E. na 1885 wato na ɗarikar Methodist ta baƙar fata, da tsohon cocin Baptist na 1907, da makarantar 1918. Duk da haka bai zama birni a takarda ba, ma'aikatan tarihi suna nan da kakinsu amma magajin gari har yau babu.

Wanda ke Amurka yake son zuwa, shiga kyauta ne, amma ya cika tankinsa a Hill City ko Stockton dan ba gidan mai a garin, ya riƙo ruwansa da abincinsa in ba lokacin biki bane. Kuma dan Allah kar a riƙa kutsawa filayen mutane ana ɗaukar hoto, yawancin gidajen da filayen har da wasu gine-ginen tarihin masu su na nan da ransu, ko basa gari suna da wanda ke duba musu. A fara da zauren taron a yi sallama, in anyi sa'a za'a samu wani daga cikin jikokin garin a wurin.